Crown Court: Wasan Da Ya Hana Mai Kallo Ganin Ɓarawo

Duk mai shirya fim da aka miƙa wa labarin sata, abin da zai fara ɗokin ɗauka shi ne satar kanta: dare ya tsala, wani ya haura katanga da tocila a baki, gilashin taga ya tarwatse. Kafin a kai ga kotu mai kallo ya riga ya ga fuskar ɓarawon, ya yanke masa hukunci a zuci, abin da ya rage sai jiran alƙali ya iso inda shi ya daɗe da isa. Wani tsohon shirin talabijin na Ingila mai suna Crown Court ya yi shekara goma sha ɗaya da 'yan watanni yana ƙin bin wannan hanya. A cikinsa ba a nuna laifi yana faruwa. Ana buɗewa ne da 'yan hotuna marasa motsi da muryar mai gabatarwa, Peter Wheeler, yana faɗin abin da ake zargi a taƙaice, daga nan sai ɗakin kotu, kuma kusan a can za a zauna har a tashi. Wannan rowar da aka yi wa ido ita ce darajar shirin, kuma babu shari'ar da ke fito da ita fili kamar ta fasa gida, laifin da tun asali ake aikata shi a lokacin da babu mai gani.

Abubuwa biyu ne suka haifi shirin. A ranar 1 ga Janairun 1972 Ingila da Wales suka rushe tsofaffin kotunan da suka gada tun ɗaruruwan shekaru, waɗanda ke zama lokaci-lokaci, aka maye gurbinsu da kotu guda mai suna Crown Court, mai rassa a manyan garuruwa, wadda ke sauraron manyan laifuka. A shekarar ce kuma gwamnati ta ɗage ƙa'idar da ta taƙaita yawan sa'o'in da tashoshi ke watsa shirye-shirye, sai tashar ITV ta wayi gari da wunin rana a hannunta tana neman abin cika shi. Kamfanin Granada da ke Manchesta, wanda tun 1958 ya taɓa gwada shirin kotu mai suna The Verdict Is Yours, ya kawo abin da ba shi da tsada: ɗaki ɗaya, benci da kujeru, riguna da hulunan gashi na lauyoyi, da wani gari na ƙage da aka raɗa wa suna Fulchester. An fara a Oktoban 1972, an rufe a Maris na 1984 bayan fitowa 879. Kowace shari'a kashi uku ce, kowane kashi kimanin minti 25, ana nuna su da rana kwana uku a jere: yawanci ranar farko ta masu gabatar da ƙara, ta biyu ta masu kariya, ta uku ta jawaban rufewa da bayanin alƙali da hukunci. Masu kallo su ne waɗanda rana ke samu a gida, matan aure da tsofaffin da suka yi ritaya da ma'aikatan dare da yaran da ciwo ya hana zuwa makaranta. Ben Kingsley da Bob Hoskins da Colin Firth duk sun ratsa ta wannan ɗaki kafin duniya ta san su, Richard Wilson kuma ya daɗe yana fitowa a matsayin lauya.

Abin da ya raba shirin da 'yan'uwansa shi ne mutum goma sha biyun da ke zaune a gefe guda. A tsarin Ingila, idan laifi babba ne, ba alƙali ke cewa wanda ake tuhuma ya aikata ko bai aikata ba. Nasa shi ne ya bayyana doka, ya kuma yanka horo idan laifi ya tabbata. Masu tabbatarwar mutanen gari ne goma sha biyu da ake kira juri. Granada ba ta zaunar da 'yan wasa a wannan benci ba. Mutanen gari ta ɗebo, irin waɗanda suka cancanci zama a juri na gaske, ban da shugabansu, wanda dole ya zama ɗan wasa saboda ƙa'idar ƙungiyar 'yan wasa ta Equity ta keɓe wa 'ya'yanta duk wata fitowa da za a yi magana a cikinta. Su saurari shari'ar, a ba su kusan rabin sa'a su tattauna, su dawo da abin da suka tsayar. Akan rubuta ƙarshe iri biyu a kuma yi gwajin duka biyun, saboda haka ɗan wasan da ke tsaye a akwati bai san ko gida za shi ko gidan yari ba sai ya ji daga bakin shugaban juri. Marubucin ma bai sani ba, kuma a nan gizo ke saƙar. Marubucin da ƙarshen labarinsa ba ya hannunsa ba shi da halin yi wa mai kallo wayo. Idan ya ɓoye wata hujja don ya fito da ita a minti na ƙarshe, juri sun riga sun fita. Dole ya zube komai a fili, na wannan ɓangare da na wancan, ya bar mutane su auna.

Dokar da lauyoyin Fulchester ke jayayya a kanta sabuwa ce a lokacin. Kafin Dokar Sata ta 1968, laifin fasa gida ba ya tabbata sai an nuna cewa an fasa wani abu, kuma da dare ne, tsakanin ƙarfe 9 na dare da 6 na safe. Sabuwar dokar ta zubar da sharaɗin fasawa da na dare. Ya isa mutum ya shiga gini, ko wani sashe na gini, ba da izini ba, da niyyar sata ko wasu laifuka da aka lissafa. Horon na iya kai shekara 14, idan kuma da makami ne har ɗaurin rai da rai. Ma'anar wannan ita ce shari'a ta tashi daga bakin ƙofa ta koma cikin zuciya: wa ya ba shi izinin shiga, kuma me ya shiga yi? Kotun Ɗaukaka Ƙara ta sha fama da tambayoyin nan a daidai shekarun da shirin ke gudana. A 1976, a shari'ar Jones da Smith, wani saurayi da abokinsa suka shiga gidan mahaifin saurayin cikin dare suka ɗauke akwatunan talabijin biyu. Uban ya gaya wa kotu cewa ɗansa ba zai taɓa zama baƙo a gidansa ba. Kotu ta ce izinin shiga gida daban, izinin shiga don kwashe kaya daban, ta tabbatar da laifin. A 1979, a shari'ar Walkington, wani ya zagaya bayan kanta a kantin Debenhams da ke titin Oxford a Landan dab da lokacin rufewa, ya ja durowar kuɗi ya tarar babu komai. Ya ce ai kanti a buɗe yake ga kowa, kuma bai ɗauki ko sisi ba. Kotu ta ce bayan kanta sashe ne da ba na masu sayayya ba, niyyar ɗaukar duk abin da ya samu kuma niyyar sata ce ko da durowar wayam take. Mai karatun fiƙihu ba zai ga baƙon abu a nan ba, domin malamai sun daɗe suna tattauna ko kaya na cikin ma'ajiyarsa, ko mai ɗaukar yana da izinin shiga wurin, kafin a ce haddi ya hau.

To, idan ba wanda ya ga satar, da me ake kama mutum? Yawanci da abubuwa huɗu, kuma kowanne da raminsa. Na farko maƙwabcin da ya ce ya hango wani yana fita. Irin wannan shaida ya fi kowa ratsa zuciyar juri, saboda ba ƙarya yake yi ba, ya yarda da idonsa. Matsalar ita ce mai gaskiya ma yana kuskure, kuma Ingila ta koyi wannan da tsada a shekarun. A 1969 aka ɗaure Laszlo Virag bayan shaidu takwas sun nuna shi, aka sake shi a 1974 da ta bayyana wani ne daban. An ɗaure Luke Dougherty a kan satar kaya a wani kanti a Sunderland alhali a lokacin yana cikin motar yawon shaƙatawa tare da jama'a da dama. Waɗannan biyun ne suka sa aka kafa kwamitin Lord Devlin, wanda ya miƙa rahotonsa a 1976, kuma a shekarar ce hukuncin Turnbull ya wajabta wa alƙalai su gargaɗi juri: tsawon wane lokaci shaidan ya ga mutumin, daga wace tazara, a wane haske, ya san shi a da, kwana nawa aka yi kafin ya nuna shi ga 'yan sanda? Tambayoyi ne da ba su da armashi a fim, amma a ɗakin da babu abin kallo sai fuskar shaida, kowacce tana da nauyi. Mai kallo yana zaune zai ga tsohuwar da ta shigo da tabbaci ta fara laluben amsa, kuma ba zai iya cewa ta yi ƙarya ba, ba zai kuma iya rantsewa a kan maganarta ba.

Na biyu zanen yatsa, wanda tarihinsa a kotunan Ingila da fasa gida ya fara. A 1902 aka shiga wani gida a unguwar Denmark Hill a Landan aka saci ƙwallayen wasan biliyad, ɓarawon ya bar zanen babban yatsansa a bakin tagar da fentinta bai gama bushewa ba. Da shi aka kama Harry Jackson, aka ɗaure shi shekara bakwai, shekara ɗaya kacal bayan 'yan sandan Scotland Yard sun buɗe sashen zanen yatsa. Sai dai zanen yatsa yana faɗin cewa hannu ya taɓa wuri, ba ya faɗin yaushe ko don me, kuma mai wankin taga ko mai gyaran famfo yana da amsa a shirye. Gwajin ƙwayar halitta ta DNA bai shigo ba tukuna, domin sai a Satumban 1984 Alec Jeffreys ya gano shi a jami'ar Leicester, wata shida bayan an rufe shirin. Na uku kayan da aka samu a hannun mutum jim kaɗan bayan satar, wanda doka ta yarda juri su ɗauka a matsayin alamar cewa shi ne ɓarawon ko ya karɓa da saninsa, muddin bai kawo bayani mai kama hankali ba. Amsar da aka saba ji ita ce wani ne ya sayar masa a mashaya, bai san sunansa ba. Sau da yawa ƙarya ce. Wani lokaci kuma gaskiya ce tsagwaronta, domin haka kayan sata ke yawo.

Na huɗu ya fi duka haɗari, wato maganar da ɗan sanda ya ce wanda ake tuhuma ya faɗa masa a mota ko a ofis. A shekarun 1970 ba a naɗar tambayoyin 'yan sanda a kaset. Abin da jami'i ya rubuta a littafin aljihunsa shi ne shaida, kuma zargin ƙaga wa mutum furuci ya zama ruwan dare har dokar 1984 ta zo ta share hanyar naɗar murya. Akwai kuma tarko a ciki. Bisa dokar 1898 da ke aiki a lokacin, ba a gaya wa juri tsofaffin laifukan wanda ake tuhuma, don kada a hukunta shi da jiya maimakon yau. Amma idan ya ɓata sunan shaidun gwamnati, misali ya ce ɗan sanda ya shirya masa ƙarya, alƙali na iya barin a tone nasa tarihin. Tsohon ɓarawon da aka ƙaga wa furuci a wannan karon ya shiga tsaka mai wuya: ya yi shiru furucin ya ci shi, ya musa da ƙarfi a karanta wa juri ɗaurin da ya sha a baya. Babu wata tseren mota da ta kai wannan tayar da hankali, kuma ba a buƙatar fita daga ɗaki ɗaya don a nuna shi.

A kwatanta da Perry Mason na Amurka, wanda Raymond Burr ya fito a cikinsa daga 1957 zuwa 1966. A can kusan kullum lauyan yana titsiye wani shaida har ya rushe ya amsa cewa shi ne ya yi, a sallami wanda ake tuhuma, kowa ya kwana da sanin gaskiya. Daɗi gare shi, amma darasinsa gurgu ne, domin yana koya wa mutane cewa mara laifi shi ne wanda aka gano mai laifin a madadinsa. Doka ba haka ta ce ba. Tun hukuncin Woolmington na 1935 aka jaddada cewa nauyin tabbatar da laifi yana wuyan mai ƙara, wanda ake tuhuma ba sai ya nuna wa kowa ɓarawon gaskiya ba. A Crown Court ana iya sallamar mutum ranar ƙarshe, kiɗan rufewa ya tashi, mai kallo ya miƙe da zargin cewa wataƙila fa shi ne. Ana iya ɗaure shi, mai kallo ya kasa cin abincin rana da daɗi. Hausawa na cewa gani ya kori ji, to shirin ya kori ganin ya bar mutum da ji kaɗai, wanda shi ne halin da kowane alƙali a duniya yake ciki.

Za a ce ai duk wannan wasa ne, kuma akwai gaskiya a ciki. Shari'ar da ke cin kwanaki an matse ta a minti 75, rabin sa'a ba ta isa tattaunawa ba, kuma juri sun san babu wanda zai kwana a kurkuku saboda su. Bugu da ƙari marubuci yana daidaita hujjoji da gangan don a sami abin jayayya, alhali a zahiri fiye da kashi 90 cikin ɗari na shari'un laifi a Ingila a kotun majistare suke ƙarewa ba tare da juri ba, yawancin waɗanda suka kai babbar kotu amsa laifinsu suke yi, mafi yawan gidajen da aka fasa kuma ba a taɓa gurfanar da kowa a kansu. Har ƙararrakin da ba na laifi ba, irin na ɓata suna, shirin yakan saurara, abin da ba aikin kotun gaske mai wannan suna ba ne. Duk an yarda. Amma shari'ar da ke kai wa gaban juri a zahiri ita ce wadda ta ƙi warwaruwa, wadda kowane ɓangare ke ganin yana da abin faɗa, saboda haka daidaiton da marubucin ya yi bai yi nisa da gaskiyar wannan rukuni ba. A lokacin kuma Ingila ba ta da wata tagar da jama'a za su leƙa daga gida. Dokar 1925 ta hana ɗaukar hoto a kotu, ta 1981 ta haramta bayyana abin da juri suka tattauna, kuma sai a Yulin 2022 aka fara watsa wani abu daga Crown Court ta gaske, shi ma jawabin alƙali ne kawai lokacin yanka horo. Miliyoyin mutanen da dokar da ta fara aiki a 1974 ta buɗe wa ƙofar zama a juri, bayan an cire sharaɗin mallakar gida an kuma sauko da shekaru zuwa 18, da yawansu a Fulchester suka fara ganin yadda abin yake.

Suka ta biyu ta fi ciwo, kuma amsarta ba ta cika ba. A irin wannan tsari wanda aka yi wa satar shaida ne kawai. Ya hau akwati, ya lissafa abin da ya ɓata, ya tabbatar cewa ya kulle ƙofa, lauya ya ɗan jijjiga shi, ya sauka. Binciken Mike Maguire da aka buga a 1982 ya nuna cewa abin da ya fi damun mutane da yawa ba asarar kayan ba ce, tsoro ne da jin cewa an keta musu sirrin gida, wasu har su daɗe ba sa barci sosai. Ƙungiyar tallafa wa waɗanda aka zalunta ta farko a ƙasar, wadda aka kafa a Bristol a 1974, ta taso ne saboda babu mai kula da wannan ɓangare. Shirin bai cike giɓin ba. Abin da za a iya faɗa masa shi ne giɓin na kotun ne, shi ya nuna ta yadda take, kuma ɗaure wanda bai yi ba ba ya mayar wa matar da aka shiga ɗakinta barcinta, tunda wanda ya shiga yana nan yana yawo.

Akwai masu cewa ma shirin ya yi wa tsarin kwalliya a lokacin da yake tafka ɓarna. A 1975, yana tsakiyar tashensa, juri na gaske suka sami mutum huɗu na Guildford da mutum shida na Birmingham da laifin tayar da bama-bamai bisa furucin da daga baya ya rushe, ba a sake su ba sai 1989 da 1991. Wannan gaskiya ne, sai dai abin da ya ci waɗancan mutane shi ne yarda da duk abin da mai kaki ya faɗa, da ƙishirwar a sami wanda za a ɗora wa laifi. Shirin da ke sa lauya ya tsare ɗan sanda da tambayoyi a gaban matan gida da rana tsaka, mako bayan mako, ba wannan ɗabi'a yake shukawa ba. Da tashar Channel 4 ta sake gwada dabarar a 2024, ta sa juri biyu da ba su san da juna ba suka kalli shari'ar kisa guda da 'yan wasa suka maimaita, ɗaya ya ce kisan kai ne, ɗayan ya ce ba na ganganci ba ne. Wasu sun ɗauki wannan a matsayin tonon asirin juri. Abin da ya tona shi ne cewa hujja ɗaya tana iya kai masu hankali wuri biyu, kuma gara jama'a su san haka da su zauna da zaton cewa kotu injin gano gaskiya ce.

Mai karatu a Najeriya zai iya cewa ina ruwansa, tunda kotunanmu ba su da juri, kuma wanda ya tashi da kallon wasan kotun nan na Kuliya Manta Sabo ya saba da kotun da hikima ke zaune a kujerar alƙali, jama'a na jiran abin da zai faɗa. Amma ƙa'idojin da ake jayayya a kansu a Fulchester suna cikin littattafanmu. Sashe na 36(5) na tsarin mulkin 1999 ya ce duk wanda ake tuhuma mara laifi ne har sai an tabbatar, sashe na 167 na Dokar Shaida ta 2011 kuma ya ɗauko maganar kayan da aka samu a hannun mutum jim kaɗan bayan sata, tare da sharaɗin a saurari bayaninsa. Inda muke da mutanen gari masu yanke hukunci shi ne a kasuwa da tasha, lokacin da wani ya ƙwala ihun ɓarawo, kuma a can babu mai tambayar daga wace tazara aka hango shi ko a wane haske. Yawancin masu ɗaga sanda ba su ga komai ba, ji suka yi.

A Ingilar ma benci na goma sha biyun yana girgiza. Shari'un da suka taru a Crown Court suna jiran a saurare su sun haura 75,000 a 2025, kuma a Yulin shekarar tsohon alƙali Sir Brian Leveson ya ba da shawarar a riƙa sauraron matsakaitan laifuka ba tare da juri ba, alƙali ɗaya da majistare biyu su wadatar, idan horon da ake hasashe bai wuce shekara uku ba. Hujjarsa sauri ce, kuma wanda ya shekara biyu yana jiran a kira ƙararsa ba zai raina ta ba. Sai dai kashe-kashe da manyan laifukan da jaridu ke bi ba su ne za su fita daga hannun mutanen gari ba. Idan shawarar ta zama doka, da yawa daga shari'un fasa gida, irin waɗanda suka rataya a kan kallon maƙwabci da littafin aljihun ɗan sanda, ba za su ƙara zuwa gaban mutum goma sha biyu ba.